Fatar jar akuya da sunan mai hannu: muhawara kan zane, launin fata da ɗaukaka

Mai Zane na Bagalam:

Assalamu alaikum iyayena, yayyena da ƙannena. Tun da na dawo daga Faransa mutane suke tare ni a hanya suna yi mini barka da arziki, ni kuma ina amsawa da fara'a, amma akwai abin da ya tsaya mini a rai wanda ba zan iya faɗinsa a tsaye bakin titi ba, shi ya sa na kawo shi gabanku.

Waɗanda suka san ni sun san cewa da rubutun allon shaguna na fara, ina zana almakashi da kawuna a ƙofar masu aski, ina yi wa manyan motoci ado a tasha. Abin da ya kai ni ga yin zane a kan fatar jar akuya ba wata hikima ba ce, tsada ce, domin yadin zane sai an aiko da shi daga Yamai ko Kano, fata kuwa ga ta a hannun majema. Na roƙi dukawa suka nuna mini yadda ake fitar da ja daga karan dafi, da rawaya daga gangamau, da baƙi daga kuloko, na riƙa gwadawa ina ɓata fatu har hannuna ya faɗa. Wani Bature da ya zo aikin agaji ya sayi guda uku ya tafi da su, bayan shekaru sai ga takardar gayyata zuwa baje kolin zane a Faransa.

Na kai ayyuka 12. Wanda na fi so a cikinsu hoton ƙofofin ƙarfe ne na shagunan babbar kasuwa da asuba, kowace da kwaɗonta, ga babur ɗin ɗan kabu-kabu jingine da bango, babu mutum ko ɗaya. Wata huɗu na yi ina neman launin tsatsar nan da ke bin gindin ƙofa. Mai zauren da aka baje kayan ya ɗaga shi, ya juya shi, ya yaba, sa'an nan ya sa aka mayar da shi ɗakin ajiya, wai masu saye ba za su ga Afirka a cikinsa ba. Waɗanda aka rataya su ne na raƙuma da na mata ɗauke da ƙwarya, kuma duka an saye su kafin mako ya cika. Sunana kuwa da ƙananan baƙaƙe aka rubuta shi a takardar da aka liƙa a bango, abin ya ɓata mini rai. Da ƴar jarida ta zo, ba ta tambaye ni yadda fata ke shan rini ba, tambayarta ɗaya ce: yaya nake ji a matsayina na baƙar fata mai zane? Na yi shiru, domin na haura shekara arba'in a duniya ina Bakatsine, ina ɗan Maradi, ina Musulmi, ina mai fenti, amma ban taɓa kwana na tashi ina tunanin ni baƙi ne ba sai da na sauka a filin jirginsu.

Da kuɗin raƙuman na gina wa mahaifiyata ɗaki, ba zan yi butulci ba. Amma ina tambayarku tsakani da Allah, wannan suna da aka ce na yi, na hannuna ne ko na fatar jikina?

Tsohon Mushe:

Wa alaikumus salam ɗana. Da na karanta maganarka sai na yi murmushi, domin fatar da kake zane a kanta ta riga ka shiga wannan hali da ɗaruruwan shekaru. Fatun awakin ƙasar Hausa, waɗanda aka jeme aka rina ja, ayari ne ke ɗaukarsu ya ratsa Sahara da su zuwa gaɓar Bahar Rum, daga can su shiga Turai a yi marufin littattafai da jakunkuna da su. Turawa ba su san Katsina ko Sakkwato ko Kano a kansu ba, sunan Maroko suka laƙaba musu, har ma kalmar da Faransawa ke kiran sana'ar dukanci da ita a yau daga sunan Maroko ta samo asali. Makiyayi ya yi kiwo, mahauci ya feɗe, majemi ya jeme, suna kuma ya tafi ga wanda ya tsaya a bakin teku ya sayar. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Ga kuma wani misali na kusa. Seydou Keïta mai ɗaukar hoto ne a Bamako, ya buɗe shagonsa a 1948, mutanen gari suna zuwa da kayan adonsu yana ɗaukarsu. A 1991 aka baje wasu hotunansa a birnin Niyok an rubuta a ƙarƙashinsu cewa ba a san mai ɗaukarsu ba, alhali mutumin yana raye a gidansa, ya adana finafinan hotunansa. Sai da wani Bafaranshe ya bi sawu har Bamako kafin a mayar masa da sunansa. Kai aƙalla an rubuta naka, ko da ƙanana ne baƙaƙen.

Ɗalibar Jami'a:

Baba Mushe, da girmamawa, ni ban ga abin murmushi a nan ba. A 1907 Picasso, shahararren mai zane na Turai, ya shiga gidan ajiye kayan tarihi na Trocadéro a Paris, ya ga fuskokin itace da aka kwaso daga Afirka, abin ya sauya masa hannu, duniya ta ce ya buɗe sabon babi a zane. Masassaƙan da suka yi fuskokin kuwa ba a rubuta sunan ko ɗaya ba, sunan ƙabila kawai ake liƙawa, kamar dai itacen ne ya sassaƙa kansa. Idan Bature ya ɗauki namu sai a ce basira ce, idan namu ya zana ƙofar ƙarfe sai a ce ya bar al'adarsa. Wa ya ba su ikon yanke abin da yake Afirka da abin da ba ita ba? Ƙofar shagon Alhaji da kwaɗonta ta fi raƙumi zama Maradi sau dubu, domin garin nan da fatauci aka san shi, ni kuma da aka haifa a unguwar Zariya na fi ganin babur a kan raƙumi.

Shawarata ga Yaya mai zane ita ce kada ya gudu daga kalmar baƙar fata, ya riƙe ta da hannu biyu ya mayar da ita makami. Jean-Michel Basquiat, baƙar fata mai zane ɗan Amurka, ya cika zanensa da baƙaƙen ƴan dambe da mawaƙa, ya ɗora musu kambin sarauta da gangan, domin ya ga babu irin fuskarsu a bangon manyan gidajen zane na Amurka.

Mazaunin Faransa:

Ƙanwata, ki ƙarasa labarin Basquiat ɗin. Ya mutu a 1988 yana da shekara 27, kuma zanensa da aka sayar dala miliyan 110.5 a 2017 ba shi ya ci kuɗin ba. Ɗaukakar da ta zo masa da wuri ba ta bar shi ya tsufa ba.

Ni shekarata goma sha a can, kuma zan faɗi abin da ba zai yi wa kowa daɗi ba. Tambarin nan na “ɗan Afirka” da abokina yake kuka da shi, shi ne ya buɗe masa ƙofa. A Paris kaɗai masu zanen da suka yi karatun sana'ar a manyan makarantu, suke kuma wanke kwanuka a gidajen abinci don su biya haya, ba su ƙirguwa. Da a ce an ajiye aikinsa cikin nasu babu bayanin inda ya fito, wataƙila da ba a ɗaga kai an dube shi ba, ba don aikin ba shi da kyau ba, sai don kasuwar ta cika ta batse. Masu saye labari suke saye tare da zane, labarinsa kuwa shi ne fatar akuya da Sahara. Abin yana da ciwo, na sani, domin ƙofar da aka buɗe maka ita ce kuma ɗakin da aka kulle ka a ciki. Amma wanda ɗan sanda ya taɓa tsayarwa a tashar jirgin ƙasa ya bar fararen da ke gabansa da bayansa suka wuce, ya san cewa baƙar fata ba suna ba ne da kake zaɓa ko ka ƙi, a can riga ce da ake sa maka tun daga bakin ƙofa.

Malamin Zaure:

Ni ba zan shiga batun Turawa ba, domin ban je ba. Abu biyu kawai zan tuna wa ɗan'uwana. Na farko, ya san malamai sun yi magana mai nauyi a kan surar abu mai rai, kuma a garin nan ba a ɗauki maganar da wasa ba, saboda haka abin mamaki ne a ce aikin da ba shi da mutum ko dabba, wanda babu malamin da zai ɗaga masa gira, shi ne aka ɓoye, aka rataya masu rai. Na biyu, ayyuka suna tafiya ne da niyya. Almajirin da ya sauke Alƙur'ani ana yi masa allon zayyana, mai zayyanar yakan kwana uku yana jan layi da ja da kore da rawaya, kuma ban taɓa ganin ya sa sunansa a gindin allon ba. Ba na cewa sa suna laifi ne, amma zuciyar da ta saba da yabo tana wuyar ƙoshi, ya kula da riya.

Mai Zane na Bagalam:

Allah ya gafarta Malam, na karɓi nasiha. Sai dai mai zayyana, ko bai sa suna ba, duk unguwa ta san hannunsa, kuma idan wani ya zo neman irin allon, ƙofarsa za a nuna masa. Rashin sa suna a inda aka san ka tawali'u ne, amma a inda ba a san ka ba, wani ne zai sa nasa a gurbin. Wannan ne bambancin da nake gani.

Yayana na Faransa kuma, gaskiya ka faɗa, kuma ita ce ta hana ni barci. Mai zauren ya sake aiko mini da saƙo yana son guda 20 kafin bazara, ya ma lissafa abin da yake so: raƙuma, rijiya, masu bori. Ni kuwa hannuna ya riga ya san raƙumin nan har ina iya zana shi ina sauraron rediyo, kuma duk aikin da zan iya yi hankalina yana wani wuri, na san ya mutu.

Ɗiyar Dukawa:

Na daɗe ina karantawa ban sa baki ba, amma tun da an ambaci gidanmu, dole in yi magana. Ƙanena mai zane, ni na san ranar da ka fara zuwa zauren mahaifina kana tambayar yadda ake jiƙa karan dafi, kuma ba a ɓoye maka komai ba. Ina da tambaya ɗaya: a takardar da aka liƙa a bangon can, inda aka rubuta sunanka ƙanana har ranka ya ɓaci, an rubuta sunan wanda ya jeme fatar?

Kai ka san abin da ake yi kafin fata ta iso hannunka fara tas mai laushi kamar yadi. Ana jiƙa ta a ruwan toka har gashi ya saki, a kankare ta a kan itace da wuƙa mai baki biyu, a wanke, a tsoma ta a ruwan bagaruwa kwana da kwanaki ana juyawa, a shanya, a shafe ta da mai, a yi ta murza da ja har ta yi taushi. Kuskuren yini ɗaya ya isa ya sa ta bushe kamar ƙirgi ko ta ruɓe. Mutumin da ke yi maka wannan aiki hannuwansa sun rine har abada, warin majema ya kama jikinsa ta yadda idan ya shiga sahu wasu sukan matsa. Rinin da Turawa suka yaba a zanenka, rabinsa aikinsa ne, domin fatar da ba ta jemu ba ba ta karɓar ja. Nawa kake ba shi a kan kowace fata, nawa kuma aka sayi raƙumi ɗaya? Baba Mushe ya ba mu labarin Maroko, to ni a ganina yau kai ne Marokon. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Ɗalibar Jami'a:

Inna, wannan magana ta yi tsauri. Ai ba daidai ba ne a haɗa wariyar launin fata da ta ginu a kan cinikin bayi da mulkin mallaka da ciniki tsakanin mai zane da majemi.

Ɗiyar Dukawa:

Ɗiyata, ban ce girmansu ɗaya ba, na ce hanyarsu ɗaya. Ki tambayi iyayenki ko za su ba majemi ko mahauci ko makaɗi aurenki, ko da ya fi kowa tsoron Allah a unguwa. Muna rawa da kiɗan maroƙi ranar biki, muna yi masa liƙi, washegari mu kira sunan sana'arsa a matsayin zagi. Kuma kada mu yi kamar maganar launi da asali baƙuwa ce a ƙasar nan. Sai a 2003 dokar Nijar ta mayar da bauta laifin da ake hukuntawa, kuma a 2008 kotun ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma ta sami gwamnatinmu da laifin kasa kare wata mata da aka sayar tana yarinya. Ki shiga kasuwa ki ƙirga shagunan da ke sayar da man sauya launin fata, ki saurari yadda ake yabon amarya idan fara ce. Ƙanena ya ce bai san shi baƙi ba ne sai a filin jirgi, na yarda, domin shi namiji ne kuma ɗan gidan da ba a tambayar asalinsa. Akwai waɗanda a nan cikin Maradi aka sanar da su tun suna goye.

Tsohon Mushe:

Hajiya ta taɓa inda ke ciwo, kuma ba ni da abin da zan kare kaina da shi, domin na koyar shekaru masu yawa ban taɓa kai ƴan makaranta majema ba.

Zan ƙara abu ɗaya a kan batun ɗaukaka. Falke Barmu magini ne a garin Yama na jihar Tawa, kuma manomi ne kamar kowa. A 1962 ya fara gina masallacin Juma'ar garinsu da laka, daga baya ya yi ta ƙara masa hasumiyoyi da ado, mutanen gari suna kawo ƙasa da ruwa da itace. A 1986 ginin ya sami lambar yabo ta Aga Khan, wadda ake ba fitattun gine-gine a duniyar Musulmi. Bai gina shi don alƙalan wata gasa ba, ya gina ne don mutanen da za su yi salla a ciki, waɗanda idan rufi ya yi yoyo za su zo ƙofar gidansa. Haka Ladi Kwali, maginiyar tukwane ʼyar Najeriya, wadda duk wanda ya taɓa cin kasuwar Jibiya ya riƙe hotonta a bayan takardar naira 20, tukwanenta sun yi suna a ƙasarsu har sarakuna suna ajiye su kafin Bature Michael Cardew ya gan su. Su biyun nan suna da masu duba aikinsu a gida, waɗanda suka san mai kyau da marar kyau. Kai kuwa ɗana, matsalarka ita ce alƙalinka ɗaya ne, kuma yana Faransa. Mu nan muna yi maka barka ne don mun ji Turawa sun saya, amma mutum nawa ne a cikinmu suka taɓa ganin zanen da ido? Ni ban gani ba. Filin kokawar garin nan sunan Kantu yake ɗauke da shi, domin dubban mutane sun ga kayen da ya yi da idonsu, ba labari aka kawo musu daga waje ba.

Mazaunin Faransa:

Baba, gaskiya ne, amma yabon gida ba ya sayen buhun hatsi. Wane Alhaji ne a Maradi zai fitar da jika ɗari ya sayi hoton ƙofar shagonsa, alhali ƙofar tana nan yana ganinta kullum kyauta? Ni shawarata ya yi musu raƙumansu goma, ya sa sharaɗin cewa sai an rataya goma na zaɓinsa a gefensu, a rubuce cikin yarjejeniya. Yanzu da kayansa suka sayu yana da bakin magana, wanda bara ba shi da shi.

Mai Zane na Bagalam:

Ku gafarce ni da na yi kwana biyu ban amsa ba. Maganar Yaya Hajiya ce ta hana ni, domin na fara rubuta amsa sau uku ina gogewa, kowace amsa kuma kare kai ce kawai. Ba a rubuta sunansa ba, kuma ni ban nema ba, ko a raina abin bai zo ba. An rubuta “fatar akuya da rinin gargajiya”, kamar yadda ɗalibarmu ta ce ana rubuta sunan ƙabila a gindin fuskar itace.

Jiya bayan la'asar na tafi majema. Na same shi tsugune a bakin kwatarniya, hannunsa cikin ruwan bagaruwa har gwiwa. Na nuna masa hotunan zauren a waya, na faɗa masa abin da aka sayar da kowane ɗaya ba tare da na rage ko dala ba, na kuma ce daga yau ina so in riƙa sa sunansa tare da nawa. Ya daɗe yana kallon wayar, bai taɓa ta ba saboda hannunsa, sa'an nan ya ce in matso da hoton raƙumi na uku. Ya ce wannan fatar ba tasa ba ce, ta wani ce na saya lokacin da ya yi jinya, kuma ga shi nan ja bai zauna a gefenta ba, ya yi mamakin yadda Turawa suka biya kuɗi a kanta. Wallahi gaskiyarsa ne, kuma a duk waɗanda suka tsaya gaban zanen nan a Faransa babu wanda ya lura.

Batun suna kuwa ya ce shi ba ya karatun boko, kuma ba ya son sunansa ya je inda ƙafarsa ba za ta je ba, amma idan da gaske nake, in ninka masa kuɗin fata, in kuma riƙa biya kafin Layya domin ya sayi masu kyau tun ba a kwashe su zuwa Kano ba. Mun shirya a kan haka. Na roƙe shi ya sake tunani a kan sunan, ya ce zai yi shawara da babban ɗansa.

Na rubuta wa mai zauren cewa ya dawo mini da hoton ƙofofin, kuɗin aikowa a wuyana, kuma zan bi shawarar Yayana game da goma da goma. Idan ya iso zan rataya shi a shagona, Baba Mushe ya zo ya gani, Malam ma ya zo tun da babu mai rai a ciki. Majemin ya ce shi ma zai zo, amma ba zanen zai duba ba, bayan fatar yake so ya juya ya ga ko sanyin ƙasarsu ya taɓa ta.

Ɗiyar Dukawa:

Idan ka tashi rataya shi kada ka buga ƙusa a jikin fatar, ka kawo a yi mata baki a ɗinka mata madauri. Kuma ka nisanta ta da bangon da rana ke bugu da yamma, karan dafi ba ya son haka.